Farke Ɗinkin Wasan Bidiyo

Duk mai wayar Android zai iya gwada wannan kafin shayinsa ya huce. Ka nemi fayil ɗin wani ƙaramin wasa, irin wanda sunansa ke ƙarewa da apk, wanda yara ke tura wa juna ta Xender. Ka goge haruffan nan uku, ka rubuta zip a gurbinsu, sannan ka buɗe. Wayar ba za ta yi maka gardama ba, don dama can zip ɗin ne aka sauya wa suna. Za ka tarar da jakunkuna a jere: wata na ɗauke da tambarin wasan manya da ƙanana, wata na ɗauke da umarnin da injin waya ke karantawa, wata kuma ita ce ma'ajiyar kayan wasan. A wannan ta ƙarshe ne murna za ta koma ciki. Maimakon hoton jarumi da motarsa da kiɗan da ke tashi in an ci wasa, sai ka ga waɗansu dunƙule-dunƙule masu nauyi, sunayensu tarkacen lambobi da haruffa, babu manhajar kallon hoto ko ta jin sauti da ta san yadda za ta yi da su. Kayan suna ciki, amma an ɗinke bakin buhun.

Akwai manhajoji da aka ƙera musamman don farke wannan ɗinki, kuma masu nemansu ba iri ɗaya ba ne. Akwai ɗalibin zane da ke son ganin yadda ƙwararru suka haɗa fuskar mutum. Akwai mai son sauya rigar ƙungiyar ƙwallo, da mai fassara, da mai adana tsofaffin wasanni kada su ɓace, da mai son riga malam masallaci ya bayyana abin da kamfani bai sanar ba. Akwai kuma ɓarawo. Ni dai ban ga aibu a farkewar kanta ba. Yaron tela da ya warware tsohuwar babbar riga don ya ga yadda aka yanka wuyan, sana'a yake koya. Inda gizo ke saƙar shi ne kafin farkewar da bayanta: a ina ka samo almakashin, kuma ina ka kai ƙyallen da ka ciro?

Da yawa suna zaton don ɓoyo kamfanoni ke dunƙule kayansu. Ɓoyon na nan, amma daga baya ya zo. Asalin dalilin irin na ɗan kasuwa ne da ba zai loda gwanjo riga ɗai-ɗai a tirela ba, sai ya matse su a dila. Babban wasa na iya ƙunsar ƙananan fayiloli dubu ɗaruruwa, kuma buɗe kowanne daban yana cin lokaci, balle a zamanin faifai, lokacin da sai idon na'ura ya yi ta kai-komo yana laluben wuri. Sai a zuba su a fayil guda, a matse, a jera su yadda wasan zai buƙace su. Hotunan ma ba a barinsu a tsarin da muka saba. Ana juya su zuwa tsarin da katin hoto ke haɗiya kai-tsaye, irin su DDS a kwamfuta ko ASTC da ETC2 a waya. Don inji aka shirya su, ba don idon mutum ba.

Wanda ke son fahimtar yadda dilar take, ya koma kan Doom, wasan da kamfanin id Software ya fitar a Amurka a Disambar 1993. Kayansa duka suna cikin fayil da ake kira WAD, kuma tsarinsa ya yi sauƙin da za ka iya zana shi a bayan ambulan. Bayit goma sha biyu ne a farko. Huɗun farko haruffa ne, IWAD in na kamfani ne, PWAD in faci ne da wani ya ƙara. Huɗu na biye suna faɗin adadin kayan da ke ciki, huɗun ƙarshe kuma suna nuna inda rajistar kayan take. Ita rajistar kowane layinta bayit goma sha shida ne: daga ina kayan ya fara, tsawonsa nawa, sai suna da bai wuce haruffa takwas ba. Ka ga E1M1, taswirar matakin farko ke nan. Ka ga DSPISTOL, ƙarar ƙaramar bindiga ce. Ka ga PLAYPAL, jerin launukan wasan ne. Aikin manhajar ciro kaya bai wuce na magatakarda mai karanta rajista ba: je ka wuri kaza, auno kaza, ajiye shi da suna kaza. Shekara talatin da ɗoriya ke nan, an ƙara matsi, an ƙara makulli, amma har yau ƙashin bayan abin ke nan. Ko haruffan farko masu faɗin asalin fayil ba su bar aiki ba. Ka leƙa cikin apk ɗin nan da manhajar karanta bayit, haruffa biyun farko PK ne, na Phil Katz wanda ya ƙirƙiro zip. Dunƙulen da suka gagare ka kuwa, sau da yawa za ka ga sun fara da UnityFS.

Ba tsautsayi ne ya sa Doom ya buɗu haka ba. John Carmack, wanda ya rubuta injin wasan, ya ga irin wahalar da mutane suka sha suna kutsawa cikin Wolfenstein 3D na 1992 don su sauya hotuna da taswirori, sai ya raba injin da kayan da gangan. Makonni kaɗan da fitowar wasan, a farkon 1994, manhajar DEU ta bayyana, mutane suka shiga gina nasu matakan. Abin ya kai ga kamfanin da kansa ya sayar da aikin magoya baya a 1996 da sunan Final Doom. Al'adar da ta tsiro daga nan ita ta haifi Counter-Strike a 1999, wanda Minh Le da Jess Cliffe suka gina a kan Half-Life kafin kamfanin Valve, mai Half-Life ɗin, ya ɗauke su aiki, ita ce kuma ta haifi Dota daga cikin Warcraft III. Ina kawo wannan ne don duk kamfanin da ke kallon mai leƙa cikin wasansa a matsayin maƙiyi ya tuna cewa waɗansu daga cikin manyan hanyoyin samun kuɗin masana'antar daga hannun masu leƙen suka fito.

A yau tambayar farko ba "wace manhaja zan sauke" ba ce. Tambayar ita ce da wane inji aka gina wasan, domin kowane kwaɗo da mabuɗinsa. Wasannin waya da yawa, har da Free Fire da Call of Duty Mobile, a kan Unity aka gina su, injin da ya fito daga Denmak a 2005; masu buɗe irin waɗannan kan nemi AssetStudio ko AssetRipper. Fortnite da PUBG na Unreal ne, injin kamfanin Epic Games, kuma nan UModel na Konstantin Nosov da FModel suka yi suna. Kamfanonin da suka ƙera injin kansu sun fi ba da wahala, a nan ne QuickBMS na Luigi Auriemma, ɗan Italiya, ke da amfani: shi kansa bai san kowane wasa ba, sai ka haɗa shi da ɗan gajeren rubutu mai bayyana masa tsarin rajistar wasan da kake so. Noesis na duba siffofi ya juya su, vgmstream na karanta sauti. Akwai kuma irin su Ninja Ripper da ba ruwansu da dila, suna tsayawa ne a bakin ƙofar katin hoto suna kwafe abin da ke wucewa yayin da wasan ke gudana. Mafi yawansu kyauta ne, kuma mutum ɗaya ko 'yan tsiraru ne ke riƙe da su a lokacin hutunsu. Shi ya sa za ka ga wata ta yi shekaru babu sabuntawa, wasu sun ɗauki tushenta sun ci gaba da wani suna mai kama da na farko.

Mai shiga harkar da zumuɗi kan sha mamaki ran da ya yi nasara. Jarumin da ke tsalle da harbi a wasa, in ya fito, gunki ne mai launin toka, tsaye ƙiƙam, hannuwa a miƙe gefe da gefe kamar mutum-mutumin gona. Jikinsa raga ce ta dubban ƙananan kusurwoyi uku-uku. Fatarsa tana wani fayil daban, a shimfiɗe kamar fatar ragon layya da aka shanya: ido a nan, kunne a can, tafin takalmi kusa da ƙeya. Kusa da ita akwai wani hoto mai ruwan shuɗi-shuɗi da ba ya kama da komai, alhali shi ke gaya wa haske inda tamoji da ɗinki suke. Ƙasusuwa da motsi su ma nasu wurin daban. Sai ka kwashi wannan duka zuwa manhajar Blender ka yi ta haɗawa, kuma sau tari ƙyallin da ya burge ka ba zai dawo ba, domin lissafin injin ne ke samar da shi a lokacin wasa. Amma darasin ma a nan yake. Wanda ya ga yadda aka yi tsimin kusurwoyi a bayan kai aka kashe su a fuska, ya koyi abin da kallon bidiyon koyarwa goma ba zai ba shi ba.

Girka manhajojin nan ba shi da wani tsafi. Da yawa ma ba a girka su, zip ne kake warwarewa a jaka ka latsa. Abin da ke kayar da mutane ƙananan abubuwa ne: manhajar na neman wani zubi na .NET ko Visual C++ da babu a kwamfutar, ko an zaɓi lambar zubin injin da ba ita ba, sai komai ya fito a hargitse. Wasannin Unreal da yawa kuma an kulle dilarsu da makullin AES, wasu an matse su da Oodle, don haka manhajar kaɗai ba ta isa ba. Wannan neman ƙarin abu, mabuɗi ko wani ɗan fayil da ya ɓace, shi ke jefa mutane hannun 'yan damfara.

Wani ɗan yayata da ke koyon Blender ya taɓa kawo mini kwamfutarsa da dare, ido ya raina fata. Motar wani wasan tsere yake son cirowa. Ya ga bidiyo a intanet, mai bidiyon ya nuna komai tiryan-tiryan, a ƙasa ya sa mahaɗi. Mahaɗin ya kai shi wani shafi, shafin ya tura shi wani, har ya samu zip mai kalmar sirri, kalmar kuwa 1234. A ciki akwai takarda mai cewa a kashe riga-kafin kwamfuta kafin a buɗe, wai yana yi wa manhajar ƙazafi. Ya kashe. Ya latsa, wani baƙin allo ya ƙifta ya ɓace, shi ke nan. Ya ɗauka manhajar ce ba ta yi ba, ya kwanta. Washegari abokansa suka fara kira suna tambayar wane asibiti aka kwantar da shi, don ga saƙo daga shafinsa ana neman taimakon kuɗin magani. "Kawu, wallahi ban ba kowa lambata ba," in ji shi. Na ce, "Ai ba sai ka bayar ba, ɗana. Kai ka buɗe wa ɓarawon ƙofa, ka kuma ɗaure karen." Duk kalmomin sirrin da burauzarsa ta adana an kwashe su cikin daƙiƙoƙi. Kwana biyu muka yi muna sauya su daga wata na'ura, sannan muka goge kwamfutar gaba ɗaya.

Kowace alama tana wurin, shi ne dai bai san karatunta ba. Kalmar sirri a kan zip ɗin da ake rabawa kyauta ba ta kare kowa, amfaninta kawai ta hana riga-kafi leƙa ciki. Abin da ya sa ƙaryar ke shiga kuwa, akwai gaskiya a jikinta: riga-kafi kan yi kuka a kan manhajojin ƙwarai ma, musamman masu manne wa wasa yayin da yake gudana, domin a ido aikinsu ya yi kama da na ƙwayar cuta. Ɗan damfara ya san haka, sai ya fake a nan. Mafita ita ce a san gidan asali. Yawancin sanannun manhajojin nan suna da shafi a GitHub ko shafin mai su, inda za ka ga tushen rubutunsu, da tarihin shekaru, da mutane suna kawo ƙorafi ana amsa musu. Sabon shafi mai kwana tara da taurari ɗari biyar, babu ƙorafi ko ɗaya, kura ce da fatar akuya. Taurarin ma sayensu ake yi. Kafin ka buɗe fayil ka ɗora shi a VirusTotal. In mai manhajar ya wallafa lambar tantancewa ta SHA-256, ka gwada ta da taka. Manhajar da aikinta karanta fayil ne ba ta da hujjar neman ikon shugaban kwamfuta. In da hali, a yi wannan aiki a na'urar da babu manhajar banki ko imel a cikinta.

Kada kuma a ɗauka gidan asali ba ya ƙonewa. A Yunin 2023 wata ƙwayar cuta da aka laƙaba wa fractureiser ta shiga cikin gyare-gyaren Minecraft a CurseForge da Bukkit, wuraren da kowa ya amince da su, ta hanyar sace asusun masu ɗorawa. Tana kwasar bayanan shiga, tana kuma harbin sauran fayilolin da ta tarar. Ranar Kirsimetin wannan shekarar aka yi wa Downfall, wani sanannen gyaran wasan Slay the Spire, irin wannan kutse a Steam. Sai abu biyu da suka shafi wasan kansa. Kwafi ake taɓawa, ba asalin fayilolin ba. Wasan da ake bugawa da mutane ta intanet kuwa yana da 'yan sintirin kama maguɗi, kuma ba sa tambayar niyya. Suka ga baƙuwar manhaja manne da wasan, sai rufe asusu, da duk abin da ka saya a ciki.

To, an ciro kayan lafiya. Na wa ne? Amsar ba ta da daɗin ji: ba naka ba ne, ko da kuɗinka ka sayi wasan. Izinin bugawa ka saya, kuma doguwar yarjejeniyar da kowa ke latsa wa "na yarda" ba tare da karantawa ba kusan kullum tana hana warware wasan. Sai dai kotunan Amurka, inda aka fi gwabza wannan shari'a, sun bambanta leƙawa da kwasa. A 1992, a shari'ar Sega da Accolade, kotun ɗaukaka ƙara ta ce warware manhaja don a gane yadda take aiki, a ƙera abin da zai yi aiki tare da ita, halal ne. A 1998 kuwa, kamfanin Micro Star da ya tattara matakai 300 da magoya baya suka gina wa Duke Nukem 3D ya zuba a faifai yana sayarwa, ya sha kaye a wannan kotun. A shekarar ce kuma aka kafa dokar DMCA, wadda ta mai da fasa makulli laifi mai zaman kansa, ko da abin da ka yi niyyar yi da kayan ba laifi ba ne. Ma'ana, dilar da aka ɗaure kawai daban, wadda aka sa wa kwaɗon AES daban. Najeriya ma ta bi wannan sahu: Dokar Haƙƙin Mallaka ta 2022, wadda Shugaba Buhari ya sa wa hannu a Maris 2023, ta haramta ƙetare matakan kariya na fasaha.

Kamfanoni na da nasu dalilin jin tsoro, kuma wani lokaci tsoron abin da suka bari a ciki ne. A Yunin 2005 wani ɗan ƙasar Holan, Patrick Wildenborg, ya saki ɗan gyaran da aka sani da Hot Coffee, wanda ya buɗe wani ɓangare na batsa a GTA San Andreas. Da farko Rockstar, kamfanin da ya yi wasan, ya ɗora laifin a kan masu kutse. Amma da aka tono abu ɗaya a faifan PlayStation 2 da Xbox, sai ta bayyana cewa kamfanin ne ya gina shi, ya toshe hanyar shiga, ya bar shi a faifan. Allura ta tono garma. A watan Yuli hukumar tantance wasanni ta Amurka ta mai da wasan na manya zalla, manyan kantuna suka sauke shi daga kanta, 'yan majalisa irin su Hillary Clinton suka shigo maganar. Shekara goma sha biyu bayan haka, a Yunin 2017, Take-Two, uwar kamfanin Rockstar, ta aika wa masu OpenIV takardar gargaɗi, manhajar da kusan duk mai gyaran GTA V ke buɗe fayilolinsa da ita. Suka janye ta. Masu wasa suka yi wa GTA V ruwan munanan sharhi a Steam, ba a jima ba Rockstar ya sassauto ya ce ba zai riƙa bin masu gyaran wasan mutum ɗaya da ba na kasuwanci ba, OpenIV ta dawo. Lura dai, ba kotu ce ta ba su gaskiya ba. Kamfani ne ya auna riba da asara.

Tsarin da na fi ganin adalcinsa shi ne wanda masu farfaɗo da tsofaffin wasanni suka runguma. OpenMW sabon inji ne da aka rubuta daga tushe don Morrowind na 2002, amma ba ya zuwa da ko hoto ɗaya na wasan, sai ka nuna masa naka kwafin. Ship of Harkinian, wanda ya kawo Ocarina of Time kan kwamfuta a 2022, ya fi fito da abin fili: ka ba shi fayil ɗin wasan da ka mallaka, shi zai ciro kayan a kan kwamfutarka. Almakashi suke rabawa, yadin kowa ya zo da nasa. Ko wannan bai zama laya ba, don a 2021 Take-Two ya maka masu re3 da reVC a kotu, duk da cewa su ma sai da asalin GTA III da Vice City suke aiki. Ƙorafin a kan rubutun injin da suka warware ne. Amma buƙatar irin wannan aiki ba ta ɓoyuwa. Binciken da Video Game History Foundation ta fitar a 2023 ya nuna kashi 87 cikin ɗari na wasannin da aka fitar a Amurka kafin 2010 ba a samunsu a kasuwa. A 2024 kuma ofishin haƙƙin mallaka na Amurka ya ƙi bai wa ɗakunan karatu damar barin masu bincike su buga irin waɗannan wasanni daga nesa. Kamfanin da ya daina sayar da abu, ya kuma hana a adana shi, bai kamata ya yi mamaki ba in wasu sun adana ba da izininsa ba.

Masu tono abin da ba a sanar ba kuwa, ba na ɗaga musu tuta sosai. Duk sabuntawar Fortnite, cikin ɗan lokaci za ka ga hotunan rigunan da ba a fitar ba sun cika intanet, har Epic ya koma kulle waɗansu da mabuɗi na daban da ba ya saki sai ranar ta zo. Ba sata ba ce irin ta mai sayar da motar wani a nasa wasan, amma kamar wanda ya leƙa akwatin lefe ne ya zagaya gari yana ba da labari.

Inda harkar ta fi kusa da mu shi ne ƙwallo. Duk wanda ya zauna a benci a shagon buga gem zamanin PlayStation 2 ya san Winning Eleven da PES, ya kuma san Man Red da North London da Merseyside Red, sunayen da kamfanin Konami ke laƙaba wa ƙungiyoyin Ingila a shekarun da bai da lasisinsu. Faifan da ke zuwa da sunaye na gaskiya da sabbin riguna da 'yan wasan bana, aikin masu farke fayilolin AFS ne, su ciro hoton riga, su sake zana shi, su mayar. A Burazil wani mai shagon gem a jihar Sao Paulo ya fara Bomba Patch a shekarun 2000, kuma har bayan PlayStation 2 ta tsufa ana ta sabunta shi da sababbin 'yan wasa. Mun ci moriyar wannan aiki shekaru ba mu tambayi wa ya yi ba. Halaccinsa a doka, musamman da yake sayarwa ake yi, ba sai an faɗa ba. Amma ya nuna cewa mutanen da kamfani bai yi lissafi da su ba sukan gyara wa kansu wasan ya dace da su, kamar yadda masu fassarar finafinan Indiya a Kano suka sa jaruman Mumbai magana da Hausa.

Wannan ne ya kawo ni kan abin da na fi so in ga matasanmu sun yi da manhajojin nan, maimakon ciro mota don a yi hoto da ita. Mother 3 ya fito a Japan a 2006, Nintendo bai fassara shi ba. Magoya baya suka yi aikin, suka saki fassarar Turanci a 2008, kuma faci kawai suka raba, ba wasan ba. Mai son yin haka da Hausa zai fara da ciro rubutun wasan, nan take kuma zai ci karo da rajistar nan ta zamanin Doom. In kalmar asali haruffa huɗu ce kai kuma ka sa "Adana" mai biyar, a tsofaffin wasanni duk abin da ke bayanta ya gusa da bayit ɗaya, sai ka gyara lambobin da ke nuna wurin kowane layi, in ba haka ba zance ya rikice ko wasan ya tsaya cak. Ga akwatin magana da aka auna shi da gajerun kalmomi, Hausa kuwa tana son fili.

Sai babbar matsalar, haruffa masu lanƙwasa. Wasanni da yawa ba sa amfani da haruffan na'ura. Nasu haruffan hoto ne guda, an jera su gida-gida, da jadawalin da ke faɗin wane gida ne na wane harafi. Babu ƙ a ciki, babu ɗ, babu ɓ, balle ƴ da ake rubutawa a Nijar. Ka rubuta "ƙasa", allo ya nuna maka ɗan akwati da "asa". A sababbin injina ana iya ƙara gidaje. A tsofaffi kuwa dabarar ita ce wadda masu buga littattafan Hausa suka daɗe da sani, wadda ta sa in ka buɗe tsohon kundin digiri a kwamfutar da ba ta da font ɗinsa za ka ga "qasa" da "xaya" da "varawo". Ka ciro hoton haruffan, ka nemi gidan q da x da v, waɗanda Hausa ba ta aiki da su, ka goge, ka zana ƙ da ɗ da ɓ a wurin, manya da ƙanana, ka mayar da hoton cikin dila da girmansa na asali. A fayil za ka rubuta "Wasa ya qare", a allo kuma lanƙwasar za ta fito a kan harafin.